Tafarkin Karofi: Muhawara Kan Wata Makarantar Hikima da Babu Ita a Duniyarmu

Jikan Marini

Assalamu alaikum, malamaina da 'yan uwa marubuta. Shekara biyu ke nan ina rubuta wani dogon ƙagaggen labari wanda na kafa shi a wata duniya da ba tamu ba, kuma na iso inda alƙalami ya tsaya cak, domin jarumin labarin ya faɗa hannun wasu masu neman hikima, ni kuwa har yanzu ban gama sanin abin da suka yarda da shi ba. Zan baje muku abin da na tsara, ina roƙon ku dube shi da idon mai saye.

A wannan duniya akwai wani birni da na raɗa wa suna Tudun Ramuka, wanda arzikinsa gaba ɗaya a kan rini yake. A tsakiyar karofin birnin akwai ramuka bakwai da babu wanda ya san mahaƙinsu, kuma ba zane ake tsomawa a cikinsu ba, mutum ake tsomawa. Masu kula da su ana ce musu Marinan Zuci, hanyarsu kuwa Tafarkin Karofi. Tushen koyarwarsu abu ne da na gani da idona ina yaro a wajen kakana, wanda marini ne. Idan aka ciro zane daga ramin baba, wato ganyen da ake rinin shuɗi da shi, tsanwa-tsanwa yake fitowa, sai ya sha iska sannan ka ga yana rikiɗa zuwa shuɗi a gabanka. Daga nan Marinan Zuci suka ce duk sanin da mutum ya samo a kaɗaice, cikin duhu da shiru, ɗanye ne, ba shi da tabbataccen launi har sai an fito da shi cikin jama'a, ya yi ciniki a kasuwa, ya yi zaman aure, maƙwabci ya ɓata masa rai. Maganar da ba ta barin bakinsu ita ce: rami ke bayarwa, iska ke tabbatarwa.

Almajirinsu yana farawa da wanki, wato shekarun hidima ga mutanen gari, domin zanen da ke da maiƙo baba ba ya kama shi. Sannan a tsoma shi a rami na farko, ya ga abin da zai gani, a ciro shi a tura shi shan iska, inda zai yi shekara guda cur yana sana'a, an hana shi faɗa wa kowa abin da ya gani. Haka zai yi ta komawa har ya ratsa ramukan bakwai. A ƙarshe a miƙa shi ga mabuga, waɗanda aikinsu shi ne su yi ta dukansa da tambaya a bainar jama'a har sai ya yi ƙyalli ko ya yage.

Tambayata ita ce: wannan ya kai a kira shi falsafa, ko kuwa ado ne kawai na yi wa labari? Kuma shin na taka wani abu da bai kamata in taka ba?

Malamin Zaure

Wa alaikumus salam. Ɗana, Allah ya ƙara basira, ka ɗauko misali daga inda ya kamata a ɗauko shi, wato daga abin da hannun gidanku ya taɓa. Amma ka sani ba kai ka fara kwatanta tarbiyyar zuciya da rini ba. A cikin Suratul Baƙara, aya ta 138, kalmar sibga ta zo, wadda ma'anarta ta asali ita ce rini, malaman tafsiri kuma suka fassara ta da addinin Allah da ɗabi'ar da ya halicci bayi a kanta. Duk almajirin da ya karanta labarinka zuciyarsa za ta tafi can, ko ka nufa ko ba ka nufa ba. Haka kuma Bakatsine zai tuna da Wali Ɗan Marina, malamin ƙarni na 17 wanda a littattafan Larabci ake kira Ibnus Sabbag, kuma har yau ana ziyartar kabarinsa a Katsina.

Ƙaga labari don a isar da hikima ba sabon abu ba ne a wurin malamai. Ikhwanus Safa, waɗanda suka yi rubutu a Basra a ƙarni na 10, sun ƙaga shari'ar da dabbobi suka kai ƙarar ɗan Adam a gaban sarkin aljanu, kuma babu wanda ya ɗauka cewa an yi wannan zama da gaske. Abin da nake ja maka kunne a kansa shi ne kalmomi. Kada ka ce wa shugabansu shehu, kada ka ce wa hanyarsu ɗariƙa, kada ka ce wa shiga rami halwa. Ranar da ka yi haka, ɗan Ƙadiriyya da ɗan Tijjaniyya za su ga kamar su kake yi wa habaici, mai sukar ɗariƙa kuma zai ɗauki littafinka ya yi ta jifa da shi, kai da ka zo ba da labari ka wayi gari a tsakiyar rigimar da ta girme ka.

Ɗalibin Falsafa

Allah gafarta Malam, na yarda da maganar kalmomi, amma ina ganin ba a amsa tambayar farko ba, kuma amsata ga ɗan uwana ita ce: a'a, bai kai falsafa ba tukuna. Abin da ka kawo misali ne mai kyau wanda aka shimfiɗa shi ya yi matakai. Falsafa tana farawa ranar da wani mai hankali daga cikin gidan ya miƙe ya ce wannan misali bai tabbatar da abin da kuke cewa ya tabbatar ba, kuma aka rasa yadda za a yi da shi. A Tudun Ramuka kowa ya yarda da kowa, shi ya sa alƙalaminka ya tsaya.

Shi misalin rini masu tunani sun daɗe suna jan sa, kowa zuwa ɓangarensa. Aflatun, masanin falsafar Girka, a littafinsa kan tsarin birni nagari, ya kwatanta tarbiyyar mayaƙa da aikin marina masu zaɓen farin ulu su shirya shi kafin su rina, don kada wanki ya fitar da launin, abin da ya dame shi shi ne yadda aƙida za ta kama ta ƙi fita. A ƙasar Sin kuwa an rawaito cewa Mozi, wanda ya rayu a ƙarni na 5 kafin Miladiyya, ya tsaya kallon masu rina siliki ya yi ajiyar zuciya, don ya ga zaren yana ɗaukar launin duk ruwan da aka tsoma shi, abin da ya dame shi shi ne sauƙin da mutum ke da shi wajen ɗaukar halin abokan zamansa. Rami ɗaya, damuwa biyu.

Ga abokin adawar da nake ba ka shawara. Ibnu Ɗufail na Andalus, wanda ya rasu a 1185, ya ƙaga labarin Hayyu bin Yaƙzan, yaron da ya tashi shi kaɗai a tsibiri, barewa ta shayar da shi, ya kai ga sanin Mahalicci da tunaninsa. Da ya girma aka kai shi cikin mutane ya yi ƙoƙarin koya musu abin da ya gano, suka kasa ɗauka, sai ya ba su haƙuri ya koma tsibirinsa. Wannan mutum da a Tudun Ramuka yake, da ya ce muku iska ba ta tabbatar da komai, ɓata shi take yi. Ka ƙirƙiro ɓangaren da za su ce haka, ka kira su 'Yan Rami, ka ba su hujjar da kai kanka za ta hana ka barci.

Malamar Kimiyya

Ni ba marubuciya ba ce sosai, karatu nake yi, amma sinadarai nake koyarwa, kuma abin da ke faruwa a ramin baba yana goyon bayan 'Yan Rami fiye da yadda ƙanena Ɗalibin Falsafa ya zata. Shuɗin baba ba ya narkewa a ruwa ko kaɗan, saboda haka a yadda yake ba zai iya shiga zare ba. Abin da marini yake yi idan ya zuba baba da toka da kanwa ya bar su kwanaki suna ruɓa shi ne, yana kiwon wasu ƙananan halittu da ido ba ya gani, waɗanda ke cinye iskar oksijin da ke cikin ruwan, su juya shuɗin ya koma wani nau'i mai narkewa, mai launin rawaya-rawaya zuwa tsanwa. Wannan nau'in ne kaɗai ke iya ratsa zare. Da zarar an ciro zanen ya haɗu da iska, sai ya koma shuɗi, ya daskare a inda yake, ba ya ƙara motsi.

To ka ga, ɗan Rami zai iya cewa sani yana da rai ne muddin yana cikin rami, domin a nan ne yake gudana, yake shiga, yake canzawa, shuɗin da jama'a ke yabawa kuwa gawarsa ce. Kuma akwai abin da kakanka ya fi ni sani: rami yana da rai, yana jin yunwa, yana gajiya idan aka matsa masa da aiki, kuma idan aka cika buga masa iska yakan mutu, ka tsoma zane ya fito yadda ya shiga. Wato iskar da ke tabbatar da zane ita ce ajalin rami. Ban san yadda za ka yi da wannan ba, amma ban ga yadda Marinan Zuci za su yi ɗaruruwan shekaru a bakin rami ba su lura da shi ba.

Jikan Marini

Malama, wallahi kin tuna mini da abin da na manta. Kakana yakan shinshina ruwan, wani lokaci ya ɗanɗana a harshe, ya ce yau ramin nan ba ya son aiki, a bar shi ya huta, mu kuma yara mu yi ta dariya. Kuma na tuna ana tsoma zane a hankali, ba a yarda a yi ta fantsama ba. Wannan magana cewa iska ce ajalin rami ta buɗe mini babi guda. Na karɓi 'Yan Rami hannu biyu.

Inna Mai Alƙalami

Ƙanena, na karanta tun daga farko ina jira in ga mace a Tudun Ramuka, ban gan ta ba. An wanke namiji, an tsoma namiji, maza sun buge shi, yanzu kuma an kawo wasu mazan su yi jayayya da su. Za a rina, wai an saci zanen mahaukaciya. Alhali zanen da ake tsomawa, wa ya kaɗa zarensa? Mata ne a tsakar gida da mazari. Kuma zanen da ke fitowa da ado a Ƙofar Mata ta Kano, mata ne a cikin gidaje suke ɗaure shi da zare kafin ya isa bakin rami.

A nan nake ganin akwai ɓangare na uku, kuma a ganina ya fi biyun farko zurfi. Mai ɗauri tana aikinta ne don ta hana baba shiga wasu wurare. Inda ta ɗaure tamau fari yake fitowa, kuma wannan farin shi ne adon. Zanen da baba ya cinye ko'ina shuɗi ne kawai, babu abin karantawa a jikinsa. To ka ƙirƙiro 'Yan Ɗauri, matan da ba a taɓa tsoma su a rami ba, amma babu almajirin da ke shiga sai ya biyo ta hannunsu. Su ce: kafin mutum ya shiga neman sani, dole ya zaɓi abin da ba zai bari sanin ya taɓa ba, alƙawarin da ya ɗauka, kunyar uwarsa, tausayin da yake ji wanda ba zai iya kawo masa hujja ba. Su ce wanda ya shiga babu ɗauri zai fito masani amma ba za a gane shi da kowa ba. Kuma su riƙa ɗaure almajiri ba tare da sun gaya masa wane ado suka nufa ba, sai ranar kwance.

Kada ka ce mini mata a cikin gida ba za su iya riƙe makaranta ba. Nana Asma'u, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, ta tsara jajis, wato mata jagororin karatu, da 'yan taru, mata suna tasowa daga ƙauyuka su karɓi karatu cikin waƙa su koma su koyar, kuma tsarin ya daɗe bayan rasuwarta. Ba na ce ka kwafe ta ba, na ce ka san cewa abin yana yiwuwa, har ya taɓa faruwa.

Baƙon Damagaram

Ina gaishe ku daga Nijar. Ni tambayata ta kuɗi ce da mulki, domin duk makarantar da ke zaune a tsakiyar birnin da ke cin abinci da rini ba za ta tsira daga attajirai ba. Ba banza ba Bahaushe ke ce wa mai dukiya mai hannu da shuni. Lokacin da Bature Barth, wanda ya yi tafiya da sunan Abdulkarim, ya shiga Kano a 1851, abin da ya fi jan hankalinsa a arzikin birnin shi ne rinannen zane da ake kaiwa ƙasashe masu nisa. Mu nan mun san turkuɗin Kura da Buzaye ke saye da tsada su naɗa, kuma mun san cewa shuninsa yana zuba a fata, har Turawa suka riƙa ce musu shuɗɗan mutane. Mai saye ba ya ɗaukar wannan zubar a matsayin aibi, alama ce ta cewa kayan na gaske ne.

Wannan ya ba ka abu biyu. Na farko, Marinan Zuci za su iya cewa ana gane masani na gaske ne da abin da ya zuba a jikin mutanen gidansa, kamar yadda muke cewa zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Na biyu, wanda ya fi amfani ga labari, idan shuɗin hannu ya zama alamar hikima a birnin, to 'ya'yan sarauta da na attajirai za su fara shafa shuni a hannu ba tare da sun ga rami ba, kuma za a samu wasu daga cikin Marinan suna sayar musu da shi a ɓoye. Sannan ban ji ka faɗi abin da almajiri ke asara ba. Hikimar da ake samu ba a biya komai ba, mai karatu ba zai yarda da ita ba.

Malamin Zaure

Maganar 'yar uwata Inna ta ƙayatar da ni, kuma maganar baƙonmu tana da asali, domin hadisin da ya kwatanta abokin zama nagari da mai sayar da turare, mugu kuma da mai zuga wutar maƙera, a kan wannan yake. Amma ina da gyara ga Ɗalibin Falsafa. Ka kawo Hayyu bin Yaƙzan, wanda ƙagagge ne, ka bar mutumin da ya yi abin da gaske. Imam Gazali yana kan ganiyar ɗaukakarsa a makarantar Nizamiyya ta Bagadaza harshensa ya sarƙe ya kasa koyarwa, a 1095 ya bar komai ya fita, ya yi kimanin shekara goma a keɓe, sannan a 1106 ya koma karantarwa a Naisabur, ya rasu a 1111. Wanda ya ɗanɗani keɓewa da kansa ya dawo cikin mutane. Saboda haka kada a sa 'Yan Rami su yi rinjaye a labarin don kawai hujjarsu ta fi daɗin ji.

Damuwata ta biyu ta fi girma. Ramukan nan da ba a san mahaƙinsu ba, waɗanda mutum ke shiga ya ga gaibu, me ke cikinsu? Idan wani abu ne ke magana daga ciki, ana yi masa hidima yana bayarwa, to mai karatu Bahaushe bori zai gani, da Jangare da iskokinta, kuma duk falsafar da kuka tara za ta rushe a idonsa.

Ɗalibin Falsafa

Allah gafarta Malam, ban ce 'Yan Rami su yi rinjaye ba, na ce kada a kayar da su da arha. Kuma ko Gazali da ya dawo, shi da kansa ya rubuta cewa abin da ake samu ta ɗanɗano ba ya shiga cikin magana yadda yake, duk wanda ya yi ƙoƙarin faɗarsa sai ya yi kuskure a lafazi. Ɗan Rami zai riƙe wannan ya ce: kun ga, ya dawo da jikinsa, amma abin da ya gani bai fito tare da shi ba.

Game da bori kuwa, ina ganin maganin yana cikin abin da Malamar Kimiyya ta faɗa. Rami ba ya ƙirƙiro launi, abin da aka zuba masa yake narkarwa. To a ce babu kowa a cikin ramukan, babu mai magana, babu mai karɓar hadaya. Abin da mutum ke gani a ciki nasa ne, abin da ya riga ya sani ne ya daskare a zuciyarsa, ramin ya narkar masa da shi har ya ratsa shi. Kowa ya san zai mutu, amma mutum nawa ne wannan sanin ya shiga zarensu? Idan aka tsara shi haka, tambayar makarantar ta koma tambaya ta gaske wadda masu tunani suka daɗe a kanta: me ya sa mutum ke sanin daidai kuma ya aikata akasinsa?

Malamin Zaure

Idan haka ne, na janye rabin damuwata. Sauran rabin sai na ga rubutun.

Jikan Marini

Na gode ƙwarai, kowa ya ba ni abin da ban zo da shi ba. Game da asara, ga abin da na yanke a daren jiya bayan na karanta maganar baƙonmu. Tunda rami yana jin yunwa, abincinsa shi ne tunanin baya. Duk tsomi ɗaya, almajiri zai fito ya tarar wani abu daga rayuwarsa ya goge, muryar wani, hanyar wani gari, ɗanɗanon wani abinci, kuma ba shi ke zaɓa ba. A nan aikin 'Yan Ɗauri ya zama na rai da mutuwa, domin abin da suka ɗaure ne kaɗai ramin ba zai ci ba. Jarumina zai shiga rami na uku babu ɗauri saboda girman kai, ya fito bai san fuskar ƙanwarsa ba.

Akwai kuma rikicin da na shirya wa rabin littafin na biyu. Fatake za su zo daga bakin teku da wani gari a cikin ƙullin fata, wanda idan aka jiƙa aka sha, mutum zai ga abin da ake gani a rami na bakwai cikin dare ɗaya, babu wanki, babu shekarun shan iska. Niyyata ita ce in nuna cewa jabu ne, launinsa yana koɗewa.

Malamar Kimiyya

Ƙanena, a nan zan roƙe ka kada ka sauƙaƙa wa kanka. A duniyarmu wannan abu ya faru. A 1897 kamfanin BASF na Jamus ya fara sayar da shuɗin baba da aka haɗa a masana'anta, kuma kafin a yi shekara ashirin noman baba a Indiya, wanda shi ke ciyar da kasuwannin Turai, ya durƙushe. Abin da ya sa ya yi nasara shi ne ba jabu ba ne. Ƙwayar sinadarin da ke ba da launin iri ɗaya ce da ta ganyen baba, kuma shi ne ake rina wandon jins da shi a yau. Shi ma sai an narkar da shi, shi ma sai ya sha iska, sai dai ana narkar da shi da sinadari cikin ɗan lokaci, ba a jiran ruɓa ta kwanaki.

Idan garin fatakenka na ƙarya ne, labarin ya ƙare kafin ya fara, kowa ya san wanda zai yi nasara. Amma idan na gaske ne, idan yaron da ya sha jiya ya faɗi daidai abin da tsohon da ya yi shekara arba'in yake faɗa, kuma bai rasa fuskar kowa ba, to Marinan Zuci dole su zauna su tambayi kansu me suke sayarwa tun farko. Karofin Ƙofar Mata, wanda ake cewa an kafa shi tun 1498 a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, yana nan har yau, amma da yawa daga ramukansa babu kowa a bakinsu. Mutanen da suka rage a wurin sun san wannan tambaya fiye da mu duka.

Baƙon Damagaram

Kuma ka lura da yadda ɓangarorin za su rabu a kan garin, domin ba yadda ake zato ba ne. 'Yan Rami, waɗanda kowa ke ɗauka su ne masu tsauri, su ne za su fi saurin karɓarsa, tunda a wurinsu gani shi ne komai, ga shi kuma ya zo da sauƙi. Masu cewa iska ke tabbatarwa za su ce a bar yaran su sha, amma a tura su kasuwa shekara bakwai a gani. Mabuga ne za su shiga uku, don za su yi ta tambaya ana ba su amsa daidai.

Inna Mai Alƙalami

'Yan Ɗauri kuwa aikinsu zai mutu a rana ɗaya, tunda garin ba ya cin tunanin kowa, babu abin da za a ɗaure. Sai dai ina so ka rubuta mini wata tsohuwa daga cikinsu wadda za ta lura da abin da kowa bai lura da shi ba, cewa yaran da suka sha garin duk magana ɗaya suke yi, da kalmomi iri ɗaya, har uwa ta kasa bambanta hikimar ɗanta da ta ɗan maƙwabciya. Kada ka sa ta yi wa'azi a kai, ka bar ta ta gani kawai, tana zaune tana kaɗi.

Abu ɗaya ya rage mini. Ka ce ƙanwar jarumin ce aka goge masa. Ita ƙanwar, a wane ɓangare take?

Jikan Marini

Inna, har zuwa yau ba ta da ko suna, sau biyu kawai ta fito tana kawo masa abinci. Yanzu na ga cewa ita ce ya kamata ta ɗaure shi a daren da ya ƙi, kuma ita ce za ta fara sayen garin fatake, don tana zaton zai dawo masa da fuskarta. Babi na tara da na goma zan rushe in sake. Malam, idan na gama zan fara turo maka kafin kowa ya gani, saboda sauran rabin damuwar nan.

Malamin Zaure

Ka turo, ɗana. Kuma ka je Ƙofar Mata ko Kura ka zauna da marina yini biyu kafin ka sake rubutawa, ka tambaye su sunan kowane abu da ke hannunsu, domin na lura har yanzu ba ka ambaci katsi ba, wato abin da ke kwantawa a ƙasan ramin rini, alhali da shi ake yin lason da ke riƙe bangon ramin.